Murafai Talatin da Biyu

Akwai wata yarinya da ba ta son magana. A gida Shiru-shiru ake ce mata. Ko abu ya dame ta ba ta faɗa. Sai ta riƙe shi a ciki, ta yi ta juya shi har kanta ya yi ciwo.

Da aka ba da hutun makaranta, Mama ta ce ba za ta zauna tana kallon bango ba. Ta ce ta riƙa bin Kawu wurin aikinsa.

Kawu ƙanen Mama ne. Yana aiki a gidan da ake adana tsofaffin fina-finai. Ba irin na waƙa da rawa ba. Waɗanda aka ɗauka tun da daɗewa ne. A ciki za ka ga ana gina asibiti, ko ana buɗe makaranta, ko jirgin ƙasa yana shigowa tasha. Yawancin mutanen da ke ciki sun rasu. Wasu fina-finan kuma guda ɗaya ne tak, babu wani irinsu a ko'ina.

Fim ɗin dogon zare ne mai faɗi, an naɗe shi kamar gammo. Kowane naɗi yana cikin gwangwaninsa na ƙarfe. Gwangwanayen suna jere a kan kanta, a wani ɗaki mai sanyi ƙarara. Sun fi dubu huɗu.

Kawu ya ce zafi ne yake kashe fim, shi ya sa ba a kashe na'urar sanyi.

"Fim ya fi ni gata," in ji shi. "Shi ake kunna wa sanyi. Ni ko fanka sai na yi roƙo."

Akwai kuma Anti. Ba 'yar uwarsu ba ce, amma kowa Anti yake ce mata, har Kawu. Ita ce take kwafe fim zuwa kwamfuta, don mutane su kalla ba tare da an wahalar da tsohon ba.

Aikin Shiru-shiru shara ne da goge tebur. Wani lokaci ta miƙa wa Anti safar hannu. Wurin ya yi mata daɗi, don ba mai takura mata da tambaya.

Ran Litinin da safe wani direba ya shigo. Ya gaisa da Kawu, ya zauna a bakin kujera. Ya ce saboda mahaifiyarsa ya zo.

Mahaifiyar tasa ta tsufa. Babanta ya rasu tun tana 'yar shekara huɗu, kuma bai bar hoto ko ɗaya ba. Ba ta san fuskarsa ba. Abin da ta sani kawai, dogo ne, bahago ne, kuma yana cikin waɗanda suka gina babbar gada. An taɓa gaya mata cewa an ɗauki masu aikin gadar a fim.

"Idonta yana ta ja baya," in ji direban. "Likita ya ce kada mu sa rai da yawa. Na kawo ta asibiti ne. Ran Lahadi zan mai da ita gida, kuma da nisa. Ban san ko za ta sake wannan tafiyar ba."

Kawu ya ɗauko wani babban littafi mai baƙin bango. Malaminsa ne ya rubuta shi da hannu, wanda ya koya masa aiki, ya rasu da daɗewa. Ya bi layi da yatsa, ya bi, ya bi. Can sai ya tsaya.

Ya karanta: "Lamba ɗari biyu da sha huɗu. Ginin gada. Masu haɗa ƙarfe. Shugabansu dogo ne, yana bugu da hannun hagu."

Direban ya rufe fuskarsa da hannu. Kawu ya ce ya kawo ta ran Asabar da safe, in Allah ya yarda za ta ga babanta.

Bayan ya tafi, aka kira Kawu taro a sama. Ya ce wa Shiru-shiru ta share ɗakin sanyi kafin ya dawo.

Ta sa rigar sanyi, ta ɗauki tsintsiya. Ta share har ƙarshen ɗaki. A nan ta ga kantar ƙasa, inda lamba ɗari biyu da sha huɗu yake. Gwangwanayen wurin duk ƙura ta rufe su. Wasu har da tsatsa.

Ta ce a ranta, fim ɗin baban mutum a cikin wannan datti? Bari ta gyara, Kawu ya dawo ya ji daɗi.

Ta sauke su ƙasa gaba ɗaya. Guda talatin da biyu ne. Ta ga in ta bi ɗaya bayan ɗaya za ta daɗe. Sai ta cire murafan duka, ta tara su gefe guda, kamar yadda take yi in tana wanke-wanke a gida. Ta goge su da busasshen tsumma, sama da ƙasa. Ta goge gefen gwangwanayen su ma.

Ta ɗauki murfin farko za ta rufe. Sai hannunta ya tsaya.

Wane gwangwani ne nasa?

Lamba da suna duk a kan murfi aka manna su. Ta duba jikin gwangwani, ba rubutu. Ta leƙa ciki, ba rubutu. Girmansu ɗaya. Naɗin fim ɗin ma duk iri ɗaya, baƙi, ya yi lamo.

Duk sanyin ɗakin nan, gumi ya karyo mata.

Ta ji takun Kawu a matakala. Ba ta tsaya tunani ba. Ta kama rufewa, kowane murfi a kan wanda hannunta ya kai. Ta jera su bisa lamba, tsaf, kamar ba abin da ya faru.

Kawu ya shigo ya ga kanta tana ƙyalli. Ya yi murmushi.

"Ka ga 'yar albarka," ya ce. "Ƙura kika goge musu? Allah ya yi miki albarka."

Ta buɗe baki za ta faɗa. Sai ta fasa. Ta ce amin kawai.

Washegari Anti ta ɗauko lamba ɗari biyu da sha huɗu. Ta sa safar hannu, ta ɗora fim ɗin a kan tebur mai fitila a ƙasa. Ta ja zaren a hankali, ta duba da madubin ƙara girma. Ta daɗe tana dubawa.

Ta kira Kawu. Ta ce ita dai ba ta taɓa ganin gada mai ƙaho ba. Shanu ne a ciki, ana yi musu allura.

Kawu bai yi dariya ba. Ya karɓi madubin ya duba da kansa. Ya ce a ɗauko na kusa da shi. Murfin ya ce bikin buɗe makaranta. A ciki kuwa wasu mutane ne suna tseren keke.

Kawu ya zauna. Ya jawo babban littafin, ya ɗora hannu a kai.

"Shekara talatin ina aiki da littafin nan," ya ce. "Ban taɓa kama Malam da kuskure ba."

Anti ta ce mutum ne shi ma, ƙila tsufa ya taɓa shi a ƙarshe. Kawu ya girgiza kai. Ya ce in dai lambobin ba daidai suke ba, to fim ɗin gada zai iya kasancewa a ko'ina cikin gwangwani dubu huɗu. Tsohon fim kuma ba a yi masa gaggawa, tsinkewa yake. Kafin su duba duka sai an yi shekaru.

Ya ce gobe da safe zai buga wa direban waya. Gara ya gaya masa kada ya wahalar da tsohuwa.

Shiru-shiru tana tsaye a bakin ƙofa da tsumma a hannu. Ta ji komai. Ta sani ba cikin dubu huɗu fim ɗin yake ba. Yana nan cikin talatin da biyu. Ita kaɗai ta sani.

Da yamma ta kasa cin abinci. Ta yi ta juya cokali a kwano. Mama ta kalle ta sau ɗaya, sau biyu. A na uku ta janye kwanon.

"Ke, zo nan. Me kika fasa?"

"Ba komai, Mama."

"Ni na haife ki. In kika yi ɓarna, kunnenki kike ja. Tun ɗazu kike jan sa."

Shiru-shiru ta sauke hannunta daga kunne. Hawaye suka zubo. Ta faɗi komai, tun daga tsumma har zuwa shanu. Ta roƙi Mama ta je ta gaya wa Kawu, don ita ba za ta iya kallon idonsa ba.

Mama ta goge mata fuska da gefen zane. Amma ta ce a'a.

"Hannunki ne ya yi, bakinki ne zai faɗa," ta ce. "Rikita murafai kuskure ne, kowa yana yi. Amma kin bari ana zargin mamaci, kina tsaye kina ji. Wannan ne nake so ki gyara. Zan raka ki har ƙofa. Daga nan ke ce."

Da safe suka isa kafin a gama buɗe tagogi. Mama ta tsaya a waje. Kawu yana zaune, waya a hannunsa, yana neman lambar direban.

Shiru-shiru ta matso gabansa. Ta riƙe bakin tebur.

"Kawu, kada ka buga. Ba Malam ba ne. Ni ce."

Ta ba shi labari. Muryarta tana ta sauka, amma ba ta tsaya ba sai da ta kai ƙarshe.

Kawu ya ajiye wayar. Can ya tambaye ta guda nawa ta buɗe. Ta ce talatin da biyu. Ya ce ta tabbata ba ta taɓa na kantar sama ba? Ta ce ta tabbata.

Ya ja dogon numfashi.

"Raina ya ɓaci, ba zan ɓoye miki ba," ya ce. "Jiya ban yi wa malamina adalci ba, saboda shirunki. Amma talatin da biyu ba dubu huɗu ba ne."

Ya ce shi ma da laifinsa, tunda bai gaya mata dokar ɗakin ba. A gidan nan ba a buɗe gwangwani biyu lokaci ɗaya. A buɗe ɗaya, a gama da shi, a rufe, sannan a taɓa wani. Fim ba shi da baki. In aka raba shi da murfinsa, ya zama kamar yaron da ya ɓace a kasuwa, bai san sunansa ba.

Daga nan ya turo mata babban littafin da biro. Ya ce duk abin da ya sami fim ana rubuta shi, don na baya su sani. Ta rubuta da hannunta, a shafin ƙarshe: "Ran Litinin na rikita murafai talatin da biyu na kantar ƙasa. Ba laifin Malam ba ne." Rubutun ya karkace, amma ana karantawa.

Anti ta yi lissafin kwanaki. Yau Laraba. Tana bukatar yammacin Juma'a don ta kwafe fim ɗin. In za a bi a hankali yadda ya kamata, ba za su duba fiye da shida ko bakwai a rana ba. Ba zai isa ba, sai in an yi sa'a.

"Ni zan yi ta yi," in ji Shiru-shiru. "Ko ba hutun rana."

Anti ta kalli Kawu. Ta ce ashe yarinyar tana da murya.

Aka kwaso gwangwanayen zuwa ɗakin aiki. Aka ba Shiru-shiru aikin ɗauko su ɗaya-ɗaya. Tana riƙe da na uku, sai yatsanta ya ji wani abu mai danƙo a gefe. Ta duba. Sawun tsohon salatif ne, ya yi ruwan ƙasa. Rabinsa yana jikin gwangwani. Amma a kan murfin babu ɗaya rabin.

Da a da ne, da ta yi shiru. Yanzu kuwa ta kai wa Kawu.

Ta ce ai da can an liƙe murafan da salatif. Ya bar sawu rabi sama, rabi ƙasa. In aka sami murfin da sawunsa ya haɗu da na gwangwani, ba shi ne nasa ba?

Kawu ya juya gwangwanin, ya sake juyawa. Ya ce a gwada. Amma kafin a taɓa komai, ya sa Anti ta manna wa kowane gwangwani 'yar takarda a ƙasansa, da harafi, don kada a sake rikicewa.

Shiru-shiru ta durƙusa. Ta yi ta auna sawu da sawu. Wani salatif ɗin mai faɗi ne, wani siriri. Wani an manna shi a karkace. Wani gwangwanin ya lotse a gefe, murfinsa ma ya lotse daidai wurin. Wani tsatsa ce ta gangaro daga murfi zuwa jiki, kamar sawun hawaye.

Duk wanda ta haɗa, sai Kawu ya duba farkon fim ɗin ya ga ko ya dace da littafi. Sau biyu ta yi kuskure. Ba ta ɓoye ba. Ta ce ta sake dubawa, ta sake.

Kafin a tashi aiki ta haɗa goma sha tara. Gwiwoyinta sun yi tsami, yatsunta sun yi ja da tsatsa.

Amma murfin lamba ɗari biyu da sha huɗu ba shi da sawun komai. Sumul yake. Saura gwangwani goma sha uku, kuma sai an duba su da ido.

Ran Alhamis Kawu ya koya mata tebur mai fitila. Ana juya wani hannu, zaren fim yana tafiya a kan haske. Hotunan ƙanana ne, kowanne bai fi farce ba. Sai an sa madubi.

"A hankali," ya ce. "Kamar kina taje kan jariri."

Ta ga abubuwa da yawa. Ta ga mata suna ɗinki a wani babban ɗaki. Ta ga ambaliya ta cinye titi. Ta ga wani mutum yana gyaran agogon tasha, ya juyo ya yi wa mai ɗauka gwalo. Ta yi dariya, Anti ta leƙo ta ce ashe har haƙora gare ta.

A cikin goma sha ukun, huɗu na gada ne. Ɗaya kogi ne kawai da kwale-kwale. Ɗaya manyan baƙi ne suna yanka zare. Biyu na masu aiki ne. A ɗayan ƙasa ake haƙa, ba mai guduma. A ɗayan akwai wani dogo yana bugun ƙarfe.

Ta matso da madubin. Amma da hannun dama yake bugu.

Ran Juma'a da hantsi suka gama na ƙarshe. Babu bahago.

Kawu ya cire tabarau ya murza idonsa. Ya ce ƙila tun da can fim ɗin ya ɓace. Sun yi iya ƙoƙarinsu. Ya ce gara ya buga wayar yanzu, kada tsohuwa ta kwana da sa rai.

"Kawu, ka ba ni awa ɗaya," in ji Shiru-shiru.

"Me za ki gani wanda ba mu gani ba?"

"Ban sani ba. Amma na rufe talatin da biyu, na mai da talatin da biyu. Yana nan."

Ya kalli agogo. Ya ce awa ɗaya, ba ƙari.

Ta sake ɗora fim ɗin dogon nan. Idonta yana yaji, wuyanta ya ƙage. Jiya dogon kawai ta yi ta kallo. Yau ta ce bari ta kalli kowa da kowa.

Ga wani gajere a bayansa, yana bugu da hagu. Ga wani mai hula, shi ma da hagu. Ta ƙirga. Mutum bakwai, duk da hagu suke aiki. Dogon ne kaɗai mai dama.

Ta ɗago kai.

"Kawu, ana samun bahagwai bakwai a wuri ɗaya?"

Kawu ya taso da sauri har kujera ta faɗi. Ya karɓi madubin. Ya bi hotunan har inda wata motar kaya ta wuce. Lambar jikinta a juye take, kamar a madubi.

Ya ce an naɗe fim ɗin ta baya ne tun da can. Ta bayansa suke kallo, shi ya sa dama ta koma hagu. Ya sa hannu biyu ya kifa zaren a hankali.

Ta duba. Mutum bakwai suna bugu da dama. Dogon kuma ya ɗaga guduma da hannun hagu.

Anti ba ta tsaya surutu ba. Ta karɓa ta nufi na'urarta. Ta ce kowa ya ba ta wuri, kuma kada wanda ya yi tari kusa da ita.

Ran Asabar direban ya kawo mahaifiyarsa. 'Yar ƙaramar tsohuwa ce, tana dogara sanda. Shiru-shiru ta durƙusa ta gaishe ta. Aka ja mata kujera har gaban babban allo, don idonta ba ya kai nesa. Aka rufe labule.

Fim ɗin ba shi da sauti, ba shi da launi. Ga kogi. Ga ƙarafa. Ga mutane suna kai da kawowa.

Sai dogon ya fito. Ya buga guduma sau uku. Ya tsaya ya goge gumi. Ya juyo ya kalli mai ɗauka, ya yi dariya.

Anti ta tsai da hoton a nan.

Tsohuwar ta matsa har hancinta ya kusa taɓa allo.

"Ashe yaro ne," ta ce a hankali. "Ni ina ta zaton tsoho. Ashe ko kai ka girme shi."

Direban ya matso kusa da ita.

"Dubi kunnuwansa," ta ce. "Ga inda ka samo naka. Ni da nake ta ɗora wa dangin ubanka laifi."

Kowa ya yi dariya, har da mai hawaye. Ta ce a sake. Aka sake. Sau biyar aka maimaita mata. A na ƙarshe ta ɗaga hannu ta shafa allon, daidai kumatunsa.

Da aka buɗe labule, ta tambaya wa ya nemo mata shi. Kawu ya nuna Shiru-shiru.

Shiru-shiru ta sunkuyar da kai. Ta ce, "Kaka, ni ce kuma na ɓatar da shi tun farko."

Tsohuwar ta lalubo hannunta ta riƙe.

"To kin ɓatar, kin nemo," ta ce. "Ni shekara saba'in ina nema, ban samu ba. Allah ya yi miki albarka, jikata."

Anti ta ba direban kwafi a wayarsa, don tsohuwa ta riƙa kallo a gida.

Bayan sun tafi, saura gwangwani biyu da ba a gane murafansu ba. Duka biyun taron ma'aikata ne, littafin bai bambanta su ba. Shiru-shiru ta so ta yi ta gwadawa. Kawu ya ce a'a, ba a yi wa fim ƙarya. Ya ba ta 'yan takardu biyu. Ta rubuta a kan kowacce: "Ba a tabbatar ba." Suka manna. Ya ce wata rana wani zai zo ya gane fuskar kakansa, ya gaya musu.

Ya kulle ɗakin sanyi, suka fito. A hanya ya tambaye ta me ta koya.

Ta yi tunani kaɗan. Ta ce abin da ba ta sani ba, za ta tambaya kafin ta taɓa. In kuma ta yi kuskure, za ta faɗa nan take, ko da muryarta tana rawa.

Kawu ya ce hutun bai ƙare ba, kuma akwai sauran kantoci masu ƙura. Ran Litinin ta zo da wuri.

Yara, kuskure ba ya gyaruwa in an rufe shi. In kun yi, ku faɗa da wuri, sannan ku tsaya ku gyara har ƙarshe. Da yarinyar nan ta ƙara kwana ɗaya tana shiru, da tsohuwa ta koma gida ba ta ga fuskar babanta ba.